Agogo Mai Tafiya da Baya da Mas'alar Komowar Jiya

A cikin shekara ta 1881 wata jarida ta birnin New York mai suna The Sun ta buga wata gajeruwar hikaya wadda ɗaya daga cikin ma'aikatanta, Edward Page Mitchell, ya ƙaga. Labari ne na waɗansu samari biyu 'yan uwan juna a ƙasar Amurka, waɗanda ɗayansu ya gaji wani dogon agogo na tsaye daga wata gwaggonsu tsohuwa, agogon da aka ƙera a birnin Leiden na ƙasar Holan tun 1572, wanda kuma ya daɗe a tsaye ba ya motsi, hannuwansa sun ƙame a kan ƙarfe uku da kwata tun ranar da aradu ta faɗa masa. Da samarin suka tafi karatu jami'ar Leiden tare da agogon, sai wani shehin malaminsu na falsafa ya murɗa makullinsa a wani dare na hadari da tsawa, hannuwan suka kama gudu da baya, ɗakin ya juya da su, ba su farga ba sai ga su a cikin shekara ta 1574, sa'ad da rundunar Sifen ta kewaye birnin, yunwa tana kashe mutane a kan titi, har aka wayi gari ɗayansu yana da hannu a cikin tsirar birnin da littattafan tarihi suka riga suka rubuta shekaru ɗari uku kafin a haife shi.

Shekara shida bayan wannan, wani marubuci ɗan Sifen, Enrique Gaspar, ya fito da littafin wani ƙaton akwatin ƙarfe mai aiki da lantarki wanda ke kwasar mutane zuwa zamunnan da suka shuɗe, har ya kai su Garnaɗa a 1492, shekarar da mulkin Musulmi ya ƙare a Andalus. Sa'an nan a 1895 H. G. Wells na Ingila ya buga nasa, The Time Machine, wanda ya shafe na sauran a wajen shahara, har ya zama duk wanda ya rubuta irin wannan labari a bayansa daga gare shi ya ɗebo. Na'urar Wells aba ce ta tagulla da hauren giwa da ƙarau, tana da sirdi da mariƙai biyu, ɗaya na tashi ɗaya na tsayawa, da waɗansu fuskoki irin na agogo masu ƙidaya kwanaki da dubbansu da miliyoyinsu. Mai ita ya hau ya danna mariƙi, dare da rana suka dinga wucewa a kansa cikin ƙiftawar ido, bai sauka ba sai a shekara ta 802,701.

Ni ba na cikin waɗanda ke ɗaukar irin waɗannan hikayoyi lagawu tsantsa da bai kamata mai hankali ya ɓata lokacinsa a kansu ba, domin ƙagaggen labari, ko da abin da ke cikinsa bai taɓa aukuwa ba, yakan tona abin da ke kwance a zuciyar wanda ya ƙaga shi da ta dubban da suka karanta suka ji daɗinsa. Kuma labarin da aka yi fiye da shekara ɗari ana maimaita shi a littafi da majigi, lalle akwai wata ƙishirwa da yake kashewa. Abin da nake so in bincika shi ne mece ce wannan ƙishirwa, kuma shin abin da take nema yana cikin abubuwan da hankali ke yarda su kasance, ko kuwa yana cikin waɗanda malaman tauhidi ke kira mustahili.

Abu na farko da ya kamata a lura da shi shi ne cewa waɗannan marubuta, da suka so su kama zamani su juya shi, agogo suka nufa, ko wani abu mai kama da shi. Wannan kuwa yana da sababi. Agogon mutanen da na ruwa ne. Shaihu Isma'ila ibn Razzaz al-Jazari, wanda ya yi wa sarakunan Diyar Bakr hidima ya kuma gama littafinsa na dabarun injiniya a 1206, ya ƙera agogo mai siffar giwa, a cikin cikinta akwai tukunyar ruwa da wata tasa mai huda tana yawo a kansa; tasar takan cika ta nutse cikin rabin sa'a, ta ja igiya, wani ƙwallon ƙarfe ya faɗo daga bakin shaho zuwa bakin maciji, macijin ya sunkuyo da shi, mutum-mutumin da ke wuyan giwar ya buga. Abin mamaki ne ƙwarai, amma duk wanda ya tsaya a gabansa yana gani da idonsa cewa ruwan da ya shiga tasa ba ya fita da kansa, ƙwallon da ya faɗo kuma ba ya hawa sai an ɗauke shi da hannu. To, da agogon faifai masu haƙora ya zo, musamman bayan da Christiaan Huygens na Holan ya sa masa ƙarfe mai lilo a 1656 ya daidaita tafiyarsa, sai zamani ya sami wata fuska dabam a idon mutane: da'ira ce, hannu yana kewaya ta, ƙarfe goma sha biyun jiya tana komowa yau a daidai inda ta tsaya, kuma kowane yaro yana iya buɗe gilashin ya sa yatsa ya mai da hannun baya. Daga mai da hannun agogo baya zuwa mafarkin mai da yini baya, tafiyar ba ta da nisa ga tunanin ɗan Adam.

Ƙari a kan haka, shekarun da aka rubuta waɗannan hikayoyi su ne shekarun da hukumomi suka karɓe lokaci daga hannun rana suka danƙa shi ga agogo. A da kowane gari da tsakar ranarsa, gwargwadon sa'ar da rana ta tsaya a kansa, sai jirgin ƙasa ya zo ya ce wannan ba za ta yiwu ba. Ranar 18 ga Nuwamba 1883 kamfanonin jirgin ƙasa na Amurka suka raba ƙasar yanki yanki suka daidaita agogo, har a waɗansu birane, New York na cikinsu, aka buga ƙarfe goma sha biyu sau biyu a yini guda, domin an mai da hannu baya da 'yan mintoci. A shekarar da ta biyo kuma wakilan ƙasashe 25 suka taru a Washington suka yarda a riƙa auna duniya daga Greenwich. Mutumin da ya ga an komar da tsakar rana da umarnin kamfani, ba abin mamaki ba ne idan ya fara zaton cewa zamani wani abu ne da ke zaune a cikin akwati, mai makulli kuma yana da iko da shi.

A nan ne rikicewar take, watau cakuɗa ma'auni da abin da ake aunawa. Mai awo a kasuwa yana iya kifar da mudunsa, ko ya fasa shi, ko ya sake masa girma, amma hatsin da aka riga aka auna aka kai gida aka daka aka ci ba zai komo cikin buhu ba saboda haka. Masu falsafa sun daɗe da sanin wannan bambanci ko da yake sun saɓa a kan haƙiƙar zamanin kansa. Arisɗo ya ce shi ƙidayar motsi ne ta fuskar gabaci da jinkiri. Augustine, malamin Nasara wanda ya zauna a Hippo, garin da ake kira Annaba yanzu a Aljeriya, ya rasu a 430, ya yi doguwar muhawara da kansa a kan cewa abin da ya wuce ba ya nan, abin da ke zuwa bai iso ba, yanzu kuwa ba ta da faɗi, don haka a cikin rai ne ake auna zamani, da tunawa da dubawa da tsammani. Imamu Gazali, wanda ya rasu a 505 ta Hijira, da yake raddi ga falasifa masu cewa duniya ba ta da farko, ya tsaya a kan cewa zamani fararre ne, tare da duniya aka halicce shi, babu wani zamani kafinsa, kuma abin da ke sa mu ji kamar dole akwai shi ruɗin wahami ne. Ko wanne daga cikin waɗannan aka ɗauka, ba a sami jiya a matsayin wani gari da ke can tsaye yana jiran matafiyi ba. Wells ya gane wannan sarai, shi ya sa kafin ya hau da jaruminsa kan sirdi sai da ya sa shi ya shafe babi guda yana lallashin baƙinsa su yarda cewa zamani jiha ce ta huɗu, kamar tsawo da faɗi da zurfi, domin in ba su yarda da wannan ba, na'urar ba ta da inda za ta.

Shari'a ma ta rarrabe tsakanin abubuwan nan biyu a wurare da dama. Larabawan jahiliyya sun kasance suna jinkirta alfarmar wata su kai ta wani watan idan suna son yaƙi, abin da ake kira nasi'u, Alƙur'ani kuwa a Suratut Tauba ya ƙidaya shi ƙari a cikin kafirci, domin sauya wa wata suna bai sauya matsayinsa a wurin Wanda ya ajiye shi ba. A cikin hadisin Nawwas ibn Sam'an da Muslim ya ruwaito kuma, da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ba da labarin kwanakin Dujal, cewa yininsa na farko zai yi tsawon shekara, sahabbai suka tambaya ko sallar yini guda za ta wadatar a cikinsa, ya ce a'a, sai dai a ƙaddara masa lokutansa. Ma'anar wannan mai zurfi ce: ko da babban agogon sama, watau rana, ya saki tafiyarsa, taklifi bai tsaya ba, rayuwa tana ci gaba da ƙarewa, kuma ana bin bawa sallolin da ke cikin wannan tsawo duka.

Mai karatu yana iya cewa, to ai Littafi da kansa ya ba da labarin waɗanda zamani ya saɓa musu al'adarsa. Gaskiya ne. Ga As'habul Kahfi, da suka kwanta shekara 309 suka farka suna zaton yini ne ko sashen yini, suka aiki ɗayansu kasuwa da kuɗin da aka daɗe da daina karɓa. Ga mutumin da ya wuce ta wata alƙarya rusasshiya a Suratul Baƙara, wanda yawancin mufassirai suka ce Uzairu ne, aka matar da shi shekara 100 aka tashe shi, ya tarar abincinsa da abin shansa ba su sauya ba alhali jakinsa ya zama ƙasusuwa, abu biyu a wuri ɗaya kowanne da irin tafiyar da zamani ya yi a kansa. Ga kuma, a hadisi, Yusha'u ɗan Nun da aka tsayar masa da rana har ya gama yaƙi. Ilimin zamani ma ya zo da nasa: tun 1905 Einstein ya nuna cewa agogo biyu masu tafiya dabam ba sa ƙidaya tsawo ɗaya, a 1971 kuma waɗansu masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan atam a jirgin sama suka kewaya duniya, na tafiyar gabas suka komo da ragin wajen kashi 59 cikin biliyan na sakan, na yamma da ƙarin wajen 273. Duk wannan haka yake. Amma a duba da kyau: kowane ɗaya daga cikinsu ko dai jinkiri ne, ko gaggawa, ko tsayawa, kuma dukansu gaba suka fuskanta. Matasan kogo sun tsallake ƙarni uku, ba a komar da su daren da suka gudu ba. Hatta ruwayar komar da rana domin Sayyidina Ali ya sami la'asar, wadda Alƙali Iyal ya kawo a cikin Asshifa, Ibnul Jauzi kuwa ya ƙidaya ta cikin ƙagaggu, ko da an sallama ingancinta, rana ce ta komo. Maganar da aka faɗa da yammacin nan ba ta koma cikin baki ba, wanda ya mutu a sa'ar kuma bai tashi ba.

Saboda haka mas'alar ta rage guda ɗaya: shin abin da ya auku yana iya zama bai auku ba? Duk wanda ya zauna gaban malami a zaure ya karanta Ummul Barahin ta Shaihu Sanusi na Tilimsan, wanda ya rasu a 895 ta Hijira, ya san hukuncin hankali kashi uku ne, wajibi da mustahili da ja'izi, kuma ƙudura da irada da ja'izi suke rataya. Mutum ya yi barcin shekara ɗari uku ja'izi ne a hankalce, al'ada ce kawai ta hana, Mai al'ada kuwa yana keta ta idan ya so. Amma a ce abu ya auku kuma bai auku ba, wannan tara kishiyoyi biyu ne, kuma rashin ratayar ƙudura da shi ba gajiyawa ba ce, domin babu wani abu a wurin da za a ce an kasa, lafazi ne kawai wanda ba shi da ma'ana a ƙarƙashinsa. Malaman Nasara sun yi irin wannan jayayya: Peter Damian, wanda ya rasu a 1072, ya ji nauyin a ce akwai abin da ikon Allah bai kai gare shi ba, ya yi rubutu mai zafi a kai, Thomas Aquinas ya zo bayan shekara ɗari biyu ya ba da amsa kusa da ta mutakallimanmu. Abin sha'awa shi ne marubutan hikaya da kansu sun yi karo da wannan bango. René Barjavel na Faransa, a littafinsa na 1944, ya aika jaruminsa ya kashe Napoleon tun yana saurayi a yaƙin Toulon, harsashi ya sami wani soja wanda ashe ɗaya daga cikin kakanninsa ne. In ya kashe shi ba a haife shi ba, in ba a haife shi ba bai kashe shi ba. Mitchell kuwa ya kauce wa ramin ta hanyar sa saurayinsa ya aikata daidai abin da tarihi ya riga ya rubuta, wanda ke nufin agogon, duk da tsawa da gudun hannuwansa, bai sauya komai ba. Mai karatun da ya san babin ƙaddara ba zai ji wannan baƙo ba.

To, in hankali ya rufe ƙofar haka, me ya sa zuciya ba ta daina ƙwanƙwasa ta? Amsar ita ce nadama, kuma ba na son a yi mata izgili. Uwar da ta aiki ɗanta kasuwa mota ta buge shi, da wanda ya furta saki na uku cikin fushi, da wanda ya yi wa mahaifinsa tsawa ya fita bai komo ba sai bayan an kai shi makwanci, kowannensu ya san wani minti guda da zai ba da duk abin da ya mallaka a komo masa da shi, kuma ga irinsu hikayar agogo ba wasa ba ce, siffar abin da suke kwana suna juyawa ce. Alƙur'ani bai ɓoye wannan kuka ba. Ya hakaito shi daga bakin wanda mutuwa ta iske yana roƙon a komar da shi ko ya gyara abin da ya bari, a Suratul Muminun, aka kuma ƙi. A Suratul An'am har an ƙara da cewa da za a komar da su, da sun koma ga abin da aka hana su.

Wannan hukunci na ƙarshe yana da sauƙin tabbatarwa da hankali. A ce an ba mutum agogon, ya murɗa. In ya koma jiya da zuciyar jiya, bai san abin da ya sani yau ba, to fushin nan da gaggawar nan suna jiransa, zai sake furta abin da ya furta. In kuwa ya koma da sanin yau, to jiyar ba ta gogu ba, tana nan cikin ƙirjinsa, ita ce ma ta sa ya murɗa makullin, kuma abin da yake kira komawa wani sabon yini ne da ya zo bayan na farko, sai dai an yi masa ado da kayan tsohon. Sa'an nan akwai wani abu da masu wannan mafarki ba su cika dubawa ba, shi ne cewa jiya ba ta mutum ɗaya ba ce. A yinin da wani ya yi asara, wata ta haihu bayan shekaru tana nema, wani ya tuba, wani ya biya bashi ya huta, an sulhunta waɗansu 'yan uwa. Wanda ya mai da hannun agogo don ya share hawayensa ya share duk waɗannan ba tare da ya shawarci kowa ba, kuma ban san wani azzalumin sarki a tarihi da ya taɓa riƙe iko mai kama da wannan ba. Haka kuma in kowane aiki yana goguwa, alkawari ba shi da nauyi, shaida ba ta da amfani, sadaukar da rai wasa ce, mizani kuma babu abin da za a ɗora masa. Ina ganin saboda haka ne aka hana mumini yawan cewa da na yi kaza da kaza ta kasance, aka ce tana buɗe wa Shaiɗan aiki, aka kuma hana zagin zamani.

Abin da aka bayar a maimakon agogo shi ne tauba, kuma aikinta ya fi ban mamaki in an natsu a kansa. Ba ta taɓa aukuwar abu, tana taɓa hukuncinsa. Suratul Furƙan ta yi alkawarin musanya munanan ayyukan wanda ya tuba ya gyara da kyawawa, mufassirai kuwa sun yi magana biyu a kai: waɗansu suka ce a duniya ake musanya masa ɗabi'a, waɗansu suka ce a cikin littafinsa ake musanyawa ranar hisabi. Ko ta wace fuska, nadamar nan da ke sa mutum mafarkin na'ura ita ce rukunin tauba na farko, tare da barin laifin da ƙudurin rashin komawa. Fiƙihu kuma ya bi wannan hanya da gaskiyar da ba ta rarrashi. Wanda azahar ta kuɓuce masa yana rama ta, amma malamai ba su kira ramuwar ada'i ba, ƙada'i suka kira ta, domin lokacin ya fita kuma ba a yi kamar bai fita ba. Wanda ya ci dukiyar wani, istigfari kaɗai bai isar masa ba sai ya mayar. In mai dukiyar ya mutu, a kai wa magadansa. In an neme su an rasa, a yi sadaka da ita da niyyar ladan ya isa gare shi. Wanda ya ci naman ɗan uwansa kuma ɗan uwan ya riga shi kabari, babu sauran neman yafewa fuska da fuska, sai malamai suka ce ya yawaita nema masa gafara, ya kuma ambace shi da alheri a majalisun da ya taɓa ɓata shi.